Fakarar duwatsun Asiya: kazar dutsenmu ce ko dabam take?

Ɗan_Kwatarkwashi:
Assalamu alaikum jama'a. Ƙanena da ke karatu a ƙasar Sin ya turo mini hoton wata tsuntsuwa jiya da daddare. 'Yar dunƙulalliya ce kamar budurwar kaza, ba ta da wutsiyar kirki, maƙogwaronta fari, a ƙirjinta kuma akwai wata ɗamara ja-ja kamar an shafa mata jar ƙasa. Ya ce a can ana ji da ita ƙwarai, doka ta hana kama ta, kuma wai a duniya kaf babu inda take sai wasu duwatsun lardin Sichuan. Ni kuwa ina gani na ce masa ai wannan kazar dutse ce, irin wadda muka tashi muna jin kukanta da asuba a gindin dutsen garinmu. Ya ce ba ita ba ce, na ce ita ce, sai dai ruwan can ya sa launinta ya fi fita. Don Allah masu sani a raba mana gardama.

Tsohon_Maharbi:
Wa alaikumus salam. Ɗana, na duba hoton. Wannan ba kazar dutse ba ce. Kazar dutse wutsiyarta a ɗage take yawo da ita, kamar kazar gida, kuma gewayen idonta fata ce ja tsirara. Wannan kuwa wutsiyar ma sai ka nema. Ta fi yi mini kama da fakara, amma ita ma ban yarda ba sai na ga ƙafa. Namijin fakararmu yana da tsini har biyu a bayan kowace ƙafa, irin na zakara. Ka ce masa ya turo hoton da ƙafa ta fito.

Maman_Ihsan:
Baba, fakara da makwarwa abu ɗaya ne? Mu a gidanmu makwarwa muke cewa.

Tsohon_Maharbi:
Ita ce dai, 'yata. Kowane gari da bakinsa.

Malamar_Halittu:
Baba ya yi gaskiya, kuma ko an turo hoton ƙafar ba za a ga tsinin ba, domin duk danginta ba su da shi. Tsuntsuwar da ke hoton masana suna kiranta Arborophila rufipectus. Kalmar farko sunan dangi ne, ta biyu sunan nau'in. Dangin Arborophila wani Bature ne ya raɗa musu suna a 1837, Brian Hodgson, wanda ya daɗe yana wakiltar Ingila a Kathmandu ta ƙasar Nepal yana tattara tsuntsayen Himalaya. Ma'anar sunan ita ce mai son itatuwa, kuma sunan ya dace, don ba tsuntsayen fili ba ne ko kaɗan. Cikin kurmi suke, mai duhu da danshi, a jikin duwatsu. Da rana suna ƙasa suna tona ruɓaɓɓen ganye suna tsintar iri da ƙwari da tsutsa, da dare su hau reshe su kwana.

To ka ga Malam Ɗan_Kwatarkwashi, kalmar dutse ce ta haɗa su a ranka. Tamu tana son dutse tsirara da ƙirare da ciyawa, tasu tana son kurmin da ya lulluɓe dutse. In ka sare kurmin ka bar dutsen, ka kore ta ke nan.

Ɗan_Kwatarkwashi:
Na ji, Malama. Amma ai ko ba uwa ɗaya uba ɗaya ba, dangi ne dai na kusa ko?

Malamar_Halittu:
A nan ne abin mamakin yake. Fakarar Asiyar nan tana cikin babban gidan da kazar gida da ɗawisu da salwa da fakararmu suke, wato Phasianidae. Kazar dutsenmu kuwa, Ptilopachus petrosus, shekara da shekaru ana lissafa ta cikin wannan gida, sai da aka zo binciken ƙwayoyin gado aka tarar ba 'yar gidan ba ce. Danginta na jini su ne salwar nahiyar Amurka, gidan Odontophoridae. A Afirka tana da 'yar'uwa guda tak, wadda ke kurmin Yuganda da gabashin Kwango. Wato kazar da ke kiwo a tsakar gidanka ta fi kusa da tsuntsuwar hoton nan a kan kazar dutse.

Ɗan_Damagaram:
Ikon Allah. Kama da wane ba ta wane.

Sarkin_Noma_Funtuwa:
Ni fa a nan nake da ja. Jiya an ce tsuntsu ɗan gidan wane ne, yau an ce a'a. Gobe ma a sake. Manomi ya san fakara tun kakanninsa bai taɓa sauya mata gida ba. Wane amfani wannan rabe-raben yake yi wa tsuntsun ko mutum?

Ɗalibi_a_Chengdu:
Salam. Ni ne ƙanen da ake magana, Yaya ya sa aka shigo da ni. Da farko in gyara abin da na faɗa masa, ba Sichuan kaɗai take ba, ta ɗan tsallaka arewa maso gabashin lardin Yunnan da ke maƙwabtaka. Amma duk da haka yankin ƙarami ne, kudancin Sichuan ne cibiyarta, a kurmin itatuwa masu faɗin ganye da ke tsakanin mita 1,100 zuwa kusan 2,200 a saman duwatsu. Sai a 1932 ma masana suka yi mata suna. Tana cikin jan kundin IUCN, ƙungiyar kare halittu ta duniya, a sahun masu fuskantar barazanar ƙarewa, duka-duka ba su wuce 'yan dubbai kaɗan ba.

Abin da ya kusa gamawa da ita sare katako ne. An yi ta kwashe tsohon kurmi ana dasa itatuwan katako iri ɗaya a jere, waɗanda ƙarƙashinsu ba ya tara irin ganyen da take tonawa. Abin da ya tsayar da saran ba don ita aka yi shi ba. Ambaliyar kogin Yangtze ta 1998 ce ta ci dubban rayuka, gwamnati ta ga cewa tsiraita duwatsun da ke saman kogin na daga cikin abin da ya ƙara wa ruwan ƙarfi, sai ta hana sare kurmin asali a yankin. Tsuntsuwar ta samu sa'ida ta nan. Daga baya aka keɓe gandun Laojunshan a gundumar Pingshan, wanda ita ce babban dalilin kafa shi.

Maman_Ihsan:
To kai ka gan ta da idonka, ko hoton wani ne?

Ɗalibi_a_Chengdu:
Na gan ta, Anti, amma sai da na sha zama. Mun tashi tun kafin gari ya waye, hazo ya rufe ko'ina, ganye sai ɗigar ruwa yake yi, takalmina ya jiƙe sharkaf. Kukan muka fara ji, wani fito mai tsawo yana hawa sama a hankali, can sai wani ya amsa daga ɗaya gefen kwarin. Mun fi awa biyu a tsugune ba mai motsi. Sai ga namijin ya fito daga gindin gora, yana shure ganye da ƙafa ɗaya, ya koma baya ya duba, ya tsinta, ya sake shurewa. Macen na biye da shi, launinta bai kai nasa fita ba, in ta tsaya sai ta ɓace cikin ganye kana kallonta. Ba su yi minti uku ba suka shige. Hoton da na turo abokin tafiyata ne ya ɗauka, ni hannuna rawa yake yi.

Tsohon_Maharbi:
Wannan shure ganye da komawa baya a duba, halin kaza ne sak. Yanzu na yarda da maganar Malama.

Malamar_Halittu:
Bari in koma kan tambayar Sarkin Noma, don tambaya ce mai nauyi. Alhaji, ka ɗauki misalin Indunusiya da Malesiya. A da, fakarar da ke duwatsun gabashin tsibirin Java, da biyu da ke Sumatra, da wadda ke tsaunukan Malesiya, duk an ɗaure su a suna ɗaya, Arborophila orientalis. Duk wanda ya dubi taswira zai ga tsuntsuwa mai faɗin ƙasa, ya ce ba ta cikin matsala. Da aka duba launin kai da kuka da sauran alamu aka raba su huɗu, sai ta bayyana cewa ainihin orientalis ɗin ba ta da ko'ina sai 'yan duwatsun ƙuryar gabashin Java, wajen Ijen, kuma kurmin nan yana raguwa. Nan take ta shiga sahun masu rauni. Da ba a raba ba, za ta iya ƙarewa ƙurmus littafi na cewa tana nan lafiya, saboda ana ƙirga 'yan'uwanta na Sumatra a madadinta.

Dalili kuwa shi ne tsuntsayen nan ba sa tashi nesa. Fukafukansu gajeru ne, in an firgita su sun fi son gudu da ƙafa. Kwari mai zafi ko teku ko gona mai faɗi katanga ce a wurinsu. Shi ya sa kusan kowane jerin duwatsu da kowane tsibiri ya samu tasa: Taiwan da tata, Hainan da tata, Borneo da tata, duwatsun Kardamom na Kambodiya da tasu. Ana ƙirga kimanin nau'i 19 a dangin. Da sun fi haka, sai aka cire masu koren ƙafa da masu sarƙar wuya aka mai da su dangin Tropicoperdix, shi ma bayan binciken ƙwayoyin gado.

Sarkin_Noma_Funtuwa:
Misalin Java ya shige ni, Malama. Kamar mutum ne ya haɗa gero da maiwa a rumbu ɗaya yana cewa yana da iri, ranar shuka ya tarar maiwar ta ƙare. Amma har yanzu ina ganin wani rabon ya yi yawa.

Malamar_Halittu:
Su kansu masanan ba bakinsu ɗaya ba a kan wasu. Ta Kambodiya da ta kudu maso gabashin Tailan, wasu sun raba su biyu, wasu na ɗaukarsu ɗaya. Ba laifi ba ne ka yi ja.

Likita_Mai_Dawowa:
Ni a arewacin Indiya na yi karatu, kuma mun taɓa hawa wajen Darjeeling lokacin hutu. Wadda ke can ita ce wadda aka kafa sunan dangin a kanta, Arborophila torqueola, ana samunta tun daga yammacin Himalaya har arewacin Biyetnam. Mutanen Nepal piura suke ce mata. Namijin kansa ja-ja ne kamar an sa masa hula, da farin layi tsakanin wuya da ƙirji. Abin da ba na mantawa kukanta ne da yamma, fito guda ɗaya mai sanyi, a yi shiru, a sake. Wanda ya raka mu ya haɗa tafin hannunsa ya busa irinsa, sai ga amsa daga cikin kurmi, tana matsowa. Ya ce haka maharba ke kiranta har bakin bindiga. Tun ranar nake jin wani iri in na tuna, tsuntsu ya zo amsa kiran ɗan'uwa ya tarar da ajali.

Tsohon_Maharbi:
Likita, ka taɓo ni. Mu ma haka muka yi wa fakara. Namiji ya hau suri da sassafe yana kuka, shi ya gaya maka inda yake. Muna yara asuta muke kafawa da gashin wutsiyar doki a bakin gonar gyaɗa, mu kama ɗaya ko biyu a kai gida. Amma iyayenmu ba sa barin mu kafa da damina, lokacin da take kan ƙwai. Yanzu kuwa ba damina ba rani, ga cinna wa daji wuta, ga maganin feshi da ke kashe ƙwarin da 'ya'yanta ke ci. Gonar da nake jin fakara biyar suna amsa wa juna, bana ɗaya na ji.

Ɗan_Damagaram:
Baba, mu nan arewa akwai wata fakarar dabam da taku ta kudu, mai jar fata a gewayen ido. An ce mini sunan Baturen nan Clapperton aka sa mata, wanda ya zo Kano da Sakkwato zamanin Sarkin Musulmi Muhammadu Bello.

Malamar_Halittu:
Haka ne, Pternistis clappertoni, an yi mata suna a 1826, shi kuma ya rasu a Sakkwato a 1827. Mai tsini biyun da Baba ya ambata ita ce Pternistis bicalcaratus.

Bahaushen_Kumasi:
Jama'a ku yi haƙuri, ni abin da ke damuna dabam ne. Mutumin da ke zaune a gindin dutsen nan a Biyetnam ko Laos talaka ne, yana da 'ya'ya. In ka ce kada ya kafa tarko, me zai ci? Mai ƙoshi ne ke zama a birni yana rubuta doka.

Mai_Gandun_Daji:
Ɗan'uwa, maganarka gaskiya ce rabi. Na yi aikin gandun daji shekaru, na san fuskar mai farautar yunwa. Amma abin da ke faruwa a can ya wuce tukunyar gida. Tarkon waya ne, irin wayar birkin babur, mai arha, mutum ɗaya ya kafa ɗaruruwa a jere tare da shingen ƙirare mai tsawo, duk abin da ke tafiya a ƙasa sai ya bi ta ƙofar da aka bari. Ƙungiyar kare namun daji ta WWF ta ƙiyasta a 2020 cewa akwai irin wannan tarko kimanin miliyan 12 a cikin gandayen da aka keɓe a Biyetnam da Laos da Kambodiya. Yawancin naman gidajen cin abinci na birni yake tafiya. Tarkon ba ya zaɓe, kuma wanda aka manta da shi yana ci gaba da kisa, abin ya ruɓe a wurin. Tsuntsun da rayuwarsa duka a ƙasa take, kamar wannan fakara, shi ne farkon shiga. Sai ka ga kurmi tsaye kore shar, ka shiga ka ji tsit.

Bahaushen_Kumasi:
To ai mai kafawar dai talakan ne, ko don birni yake yi.

Ɗan_Kasuwar_Guangzhou:
Akwai inda aka samo wa wannan bakin zare. A Baihualing da ke duwatsun Gaoligong a Yunnan, mutanen ƙauyen da a da maharba ne, yanzu kowa ya gyara ɗan kududdufi a cikin kurmi ya kafa rumfa a gefe, masu ɗaukar hoto su biya kuɗin kujera su zauna. Fakara mai jan maƙogwaro na cikin waɗanda ke zuwa shan ruwa. Ga kuɗin masauki, ga na abinci, ga na mai ɗaukar kaya. A gefen gandun Kaeng Krachan na Tailan ma haka ake yi, ramukan ruwan da maharba ke fakewa a da su ne rumfunan hoto yanzu. Tsuntsun da za a ci rana ɗaya ya zama mai kawo kuɗi kullum, mai rumfa kuma ba zai bari wani ya kafa tarko kusa da shi ba.

Mai_Gandun_Daji:
Ina yaba wannan, amma ina da tsoro biyu. Ana zuba musu tsaba da tsutsa don su fito, su saba da mutum, su taru wuri ɗaya, cuta ta samu hanya. Na biyu, ƙauyen da ke da hanyar mota ne kawai baƙi ke zuwa. Na can ƙurya fa?

Malam_Na_Zaure:
Allah Ya ce a Suratul An'am, aya ta 38, babu wata dabba a ƙasa ko tsuntsu mai tashi da fukafukansa face al'ummomi ne kamarku. An halatta mana farauta don ci, ba a halatta mana ɓarna ba. Tarkon da zai kashe abin da ba wanda zai ci, ɓarna ce ko a wace ƙasa aka kafa shi. Shi kuma talakan da Bahaushen_Kumasi ke magana a kai, haƙƙinsa na wuyan masu saye da masu mulki.

Maman_Ihsan:
Ni ƙwan nake son ji. A ƙasa take yi kamar zabuwa?

Ɗalibi_a_Chengdu:
A ƙasa, Anti, amma ba fili take bari ba. Tana gina 'yar bukka da busassun ganye da ciyawa, mai rufi da ƙofa a gefe, yawanci a gindin itace ko jikin gangare. Ƙwan fari ne tas. Wani abu da masu bincike suka gano a Laojunshan shi ne macen takan bar ƙwan da safe ta tafi kiwo fiye da awa huɗu a jere, a wurin da ke da sanyi, ƙwan ya huce sosai, amma duk da haka yawancinsu su ƙyanƙyashe, bayan kusan kwana 29. Matsalar ita ce lokacin da take kan ƙwai yakan haɗu da lokacin da mutane ke shiga kurmi ɗiban tohon gora, wanda babban abinci ne kuma abin sayarwa a can. Ba sai an kama ta ba, yawan shige da fice kaɗai ya isa ya sa ta bar sheƙa.

Maman_Ihsan:
Awa huɗu! Kazata in ta bar ƙwai haka da hunturu sai dai a zubar.

Malamar_Halittu:
Tunda Ɗan_Kwatarkwashi dangi yake nema wa tsuntsuwar a Afirka, to akwai, sai dai ba a ƙasar Hausa ba. A 1991 wasu masana daga Denmak suna aiki a duwatsun Udzungwa na Tanzaniya, sai suka ga wasu ƙafafun tsuntsu da ba su gane ba a cikin tukunyar abincin sansaninsu. Suka sa aka kamo musu irinsa, ashe tsuntsu ne da ilimi bai taɓa rubutawa ba. A 1994 aka sa masa suna Xenoperdix udzungwensis, kuma bincike ya nuna danginsa na kusa ba fakarun Afirka ba ne, waɗannan na Asiya ne. Reshen nasu, Rollulinae, shi ne ya fara rabuwa da sauran gidan kaji tun da daɗewa. A shekarar 1991 ɗin dai aka sake ganin fakara mai ruwan lemo a wuya a gandun Cat Tien na kudancin Biyetnam, wadda tun da aka yi mata suna a 1927 ba a ƙara tabbatar da ganinta ba.

Ɗan_Kasuwar_Guangzhou:
Ta Hainan ma ta sha wuya, gonakin roba sun cinye kurmin ƙasa-ƙasa, sai na kan duwatsu ya rage. An hana saran kurmin asali a tsibirin a 1994, kuma a 2021 aka haɗa gandayen tsakiyar tsibirin suka zama babban gandun ƙasa guda.

Ɗan_Kwatarkwashi:
To na sauka daga kan maganata, ƙanena ya ci gardama. Amma yanzu da wane suna zan kira ta in ina ba yara labari? Ba zan ce musu Arborophila ba. Ni dai fakarar dutse ta fi zauna mini a baki.

Tsohon_Maharbi:
In ka ce fakarar dutse, yaro zai ɗauka kazar dutse kake nufi, ka koma inda ka fito. Ka ce fakarar kurmi.

Mai_Gandun_Daji:
Baba, muna da fakarun kurmi a Afirka, akwai ma wadda ba ta ko'ina sai jikin Dutsen Kamaru, ita ma tana cikin haɗari. Sunan zai yi karo.

Sarkin_Noma_Funtuwa:
Kuma Malama ta ce ba ta da tsini a ƙafa. Abin da ba shi da tsini ni ban kira shi fakara ba.

Ɗan_Damagaram:
Ku bar ta da sunan da mutanenta suka ba ta mana. Likita ya ce piura. Mu ma ba mu so a sauya wa zabo suna.

Likita_Mai_Dawowa:
Piura ta Nepal ce kaɗai. A Indunusiya puyuh gonggong suke cewa, kuma ta Sichuan da aka fara magana a kanta tana da nata sunan da Sinanci.

Ɗan_Kwatarkwashi:
Ƙanena, ka tambayo mana yadda mutanen ƙauyen da ke gindin Laojunshan ke kiranta, ba sunan littafi ba. Kuma in ka sake hawa ka ɗauko mana kukan a waya. Ni ma jibi in Allah Ya kai mu zan je gida, zan fita bayan sallar asuba in ɗauko na kazar dutse, mu sa su nan Baba ya saurara.